Harshen Da Baba Ya Yi Kuka Da Shi

Shekaru sun goge mini abubuwa da yawa daga kai, har da fuskokin mutanen da na ɗauka ba za su taɓa ɓace mini ba. Amma shekarar da mahaifina ya daina jin Hausa tana nan daram a zuciyata, kuma na san da ita za a kai ni kabari.

A Madina aka haife mu, ni da yayana, a wani tsohon gida a Harra ta Gabas. Innarmu jikar alhazai ce, irin waɗanda suka zo tun zamanin tafiyar ƙasa suka zauna. Baba kuwa daga baya ya zo, mutumin ƙasar Kano ne. Iyakar abin da muka sani game da shi, ya zo aikin hajji yana saurayi, ya yi leburanci a wajen gini, ya koma sayar da dabino, ya auri Inna. Ba shi da yawan magana. In ka tambaye shi labarin gida sai ya ce gida yana nan inda aka bar shi, ya ci gaba da jan carbinsa. Mu ma ba mu matsa ba. Yara ne mu na Madina, a yi mana Hausa mu amsa da Larabci, labarin baya bai taɓa damunmu ba.

Bayan rasuwar Inna jikin Baba ya fara sauka. Yana zaune a gidan gado tare da yayana da matarsa, ni kuma ina aure a unguwar Bani Harisa, ina zuwa kusan kullum. Da farko mantuwa ce irin ta tsufa, ya ajiye abu ya neme shi, ya yi alwala ya sake yi. Sai Larabci ya fara kuɓuce masa. Mutumin da ya yi shekara da shekaru yana ciniki a kasuwa, aka wayi gari jikokinsa suna masa magana yana kallonsu kamar baƙi. Muka ce ba komai, ai Hausarsa tana nan. Can sai Hausar ma ta fara gauraya da wani abu da ba mu taɓa ji ba. Yana cikin magana da ni sai ya juya harshe, ya yi ta zuba wasu kalmomi masu sauri, yana kaɗa kai kamar mai ba da haƙuri. Kafin wani lokaci Hausar ta ƙafe gaba ɗaya, sai wannan baƙon yare kawai.

Mun kai shi asibiti. Likita ya ce ciwon ƙwaƙwalwa ne na tsufa, kuma yakan sa mutum ya manta abin da ya koya daga baya, ya koma wa abin da ya sani da ƙuruciya. Ya tambaye mu ko Baba ya taɓa zama a wata ƙasa. Yayana ya ce a'a, daga Kano sai Madina. A hanyar komawa gida ya ce mini wannan ba aikin likita ba ne. Mutum ba ya tashi da yaren da bai koya ba, sai dai in wani ne ke magana da bakinsa.

Ni ba na musun aljanu, ba na kuma musun ruƙiyya. Malamar hadda ce ni a makarantar mata ta unguwarmu, da bakina nake yi wa Baba tofi safe da yamma. Amma mutumin da yayana ya kawo, tun da na ga abin da ke hannunsa gabana ya faɗi. Wata siririyar sandar gora ce ya riƙo tare da gorar ruwa. An ce ya yi suna a wajen unguwar Sultana, an ce ba aljanin da ke gagararsa. Bayan la'asar ya zo, suka shiga ɗakin Baba shi da yayana suka rufe ƙofa, ni da matar yayana muna falo.

Da farko karatu muke ji. Daga nan sai tsawa, yana cewa wane ne kai, fita. Sai na ji saukar sandar. Na ji muryar Baba ta tashi, muryar da ban taɓa jin ya ɗaga ba tun da nake, yana kuka yana maimaita wasu kalmomi cikin yaren nan. Na tashi na buga ƙofa. Yayana ya buɗe kaɗan ya tare da jikinsa, ya ce in koma in zauna, ba Baba ake duka ba, Baba ba ya jin komai, aljanin ne ke ihu. Na ce masa to tafin ƙafar wa ke kumbura? Ya rufe ƙofar.

Da mutumin ya fito yana share gumi, ya ce aljanin Nasara ne, daga teku ya fito, mai taurin kai ne, sai an yi ta maimaitawa. Kuma an maimaita. Na yi magana, mijina ya yi magana, yayana ya ce shi ne babba, kuma a gidansa Baba yake. A zuwa na gaba na tsaya a bakin ƙofa na ɗauki kukan a wayata, da niyyar in kai wa wani malami na gaske ya ji, ko shi yayana zai saurara masa. Akwai kuma wani ɗaukan da na yi tun kafin nan saboda likita, Baba yana zaune da hantsi yana ta surutunsa cikin natsuwa.

Cikin matan da nake koyarwa akwai wata Baturiya da ta musulunta, mijinta yana karatun addini a nan Madina. Mata suna kiranta 'yar Andalus. Ba yarinya ba ce, ta kusa sa'ata, mai natsuwa, Larabcinta irin na littafi, a hankali take fitar da shi. Wata rana lokacin hutu ina nuna wa wata malama 'yar'uwata ɗaukan nan na hantsi, ina neman ta taya mu addu'a. 'Yar Andalus tana gefe tana bitar haddarta. Sai na ga ta ɗago kai, ta rufe Alƙur'aninta, ta matso. Ta ce in sake kunnawa. Na sake. Fuskarta ta washe, ta dafe ƙirji.

Ta ce, "Malama, wannan ai harshena ne. Sifaniyanci yake yi. Ruwa yake roƙo, yana cewa rana ta yi zafi."

Na gaya mata muryar mahaifina ce. Ta roƙe ni in kai ta ta gan shi, muka tashi a ranar bayan an tashi daga karatu, muka ɗauki tasi zuwa Harra ta Gabas.

Ba zan manta wannan tafiyar ba, domin ban taɓa ganinta cikin murna irin ta ranar ba. Ashe kafin ta musulunta malamar makaranta ce a ƙasarsu, tarihin harshensu take koyarwa, kuma tun zuwanta Madina ba ta ji shi a bakin kowa ba sai mijinta. Ta yi ta ba ni labari kamar mai yabon kakanta. Ta ce asalinsa Latinanci ne, harshen Rumawa, waɗanda suka ci ƙasarsu da yaƙi sama da shekara dubu biyu da suka wuce. Amma ba Latinancin malamai ba, na sojoji da manoma da 'yan kasuwa, wanda masu ilmi ke raina wa suna cewa gurɓatacce ne. Ya yi ta sauyawa a bakin talakawa har ya zama wani abu dabam, ba wanda ya damu ya rubuta shi. Sai wajen shekara dubu da suka wuce wasu masu ibada na Kirista a arewacin ƙasar suka fara rubuta 'yan kalmominsa a gefen littattafansu, don su gane abin da suke karantawa. Ta ce daga wannan ɗan gefen takarda ya tashi.

Sannan ta zo kan abin da ta fi so. Ta ce Musulmi sun yi kusan shekara ɗari takwas a ƙasar, sun bar dubban kalmomin Larabci a cikin harshen. Sukari, zaitun, shinkafa, mai, matashin kai, duk sunayensu na Larabci ne aka ɗan lanƙwasa. Ta faɗi yadda suke kiran shugaban gari, ta ce daga kalmar alƙali ta Larabci aka samo. Na yi dariya, dariyata ta farko cikin makonni, na ce mata mu ma alƙali muke cewa. Ta kama hannuna ta ce ashe 'yan'uwa ne mu ta wajen uwa. Ta ce a shekarar da aka ci birnin Musulmi na ƙarshe a Andalus, a shekarar aka rubuta nahawun harshen na farko, a shekarar kuma jiragen ruwansu suka tsallaka teku, harshen ya bi su ya cika rabin duniya.

Na tambaye ta, to ta yaya ya shiga bakin mutumin Kano mai sayar da dabino?  Ta ce a ƙasashen baƙar fata wuri ɗaya ta sani da mutanensu suka mulka, wata 'yar ƙasa a bakin teku da wani tsibiri mai gonakin koko, ba nisa da Nijeriya. Daga nan ba ta ƙara wani dogon bayani ba har muka isa.

Yayana yana wajen aiki. Baba yana kishingiɗe a kan katifarsa, ƙafafunsa a naɗe da tsumma saboda kumburi. Watanni ke nan ba ya iya tashi sai an kama shi. 'Yar Andalus ta durƙusa daga ɗan nesa, ta ɗage niƙabinta don tsoho ne, ta gaishe shi da harshenta cikin murya mai taushi.

Abin da na gani har yau yana hana ni sukuni. Baba ya zabura. Ya dafa bango ya miƙe a kan kumburarrun ƙafafun nan, ya cire hularsa ya riƙe da hannu biyu a ƙirji, ya sunkuyar da kai. Ya ce, "Si, sinyora." Wannan ko ni na gane, amsawar bara ce ga uwar ɗakinsa.

Ta roƙe shi ya zauna, ya ƙi. Ta sake roƙo, ya ƙi. Sai da ta faɗa masa da muryar umarni sannan ya zauna a ƙasa, ba a kan katifar ba. Ya yi ta magana idonsa a ƙasa, tana juya mini da Larabci. Yana cewa ya kusa cika kwandonsa, gyambon ƙafarsa ne ya sa ya yi jinkiri. Yana roƙonta kada ta gaya wa mai tsaron gona. Yana rantsuwa shi ba ya cikin waɗanda suka yi shirin gudu. Murnar nan ta cikin mota duk ta zube daga fuskarta.

Muka fito falo. Na ce mata akwai wani ɗaukan, ina so ta gaya mini abin da ke ciki. Na kunna mata na ranar duka. Ta saurara har ƙarshe, hawaye yana zuba ba ta share ba. Ta ce in yi mata rai, kada in sa ta faɗa. Na ce ubana ne, sai ta faɗa.

Ta ce, "Cewa yake: kada ka dake ni, maigida. Zan yi aikin. Gobe zan cika. Ka ji tausayina, kada ka dake ni."

Ke nan duk ranakun nan da ake cewa aljani ne ke taurin kai, Baba ne yake ba da haƙuri. Ciwo ya mayar da shi gonar da ya kuɓuta daga cikinta tun kafin a haife mu, mu kuma muka kawo masa mai sanda har cikin ɗakinsa, a birnin Manzo, da yardar ɗan cikinsa.

A yammacin ranar na kira Gwaggo, ƙanwar Baba da ta rage a ƙauyensu. Ta tsufa ƙwarai, sai an ɗaga murya take ji. Na tambaye ta ko Baba ya taɓa zuwa wani tsibiri.  Sai ta ce ashe har yau bai gaya muku ba. Ta ce yana ɗan saurayi wani mutum ya zo garinsu yana ɗibar samari, wai akwai aiki mai kyau a kudu. Aka zuba su a mota har bakin ruwa, aka sa su a kwalekwale zuwa wani wuri da ake kira Fanya. Shekaru ba labarinsa, har an yi masa sadaka an haƙura. Rana ɗaya ya dawo kamar kara, bayansa duk tabo. Bai yi wata guda a gida ba ya ce ba zai iya zama inda za a yi ta tambayarsa ba, gabas zai tafi. Ya sa su rantse ba za su ba kowa labarin ba. Cikin waɗanda suka tafi tare, in ji ta, shi kaɗai ya dawo garin.

Na jira yayana ya dawo daga aiki. Na gaya masa duka, na kunna masa ɗaukan, ina faɗa masa ma'anar kowace kalma. Ina tsammanin zai faɗi ƙasa. Sai ya ce to ai ga shi nan, mai ruƙiyya ya ce aljanin Nasara ne, ga shi kuma an tabbatar yaren Nasara ne. Ya ce na kwaso wata Baturiya ta zo ta cika mini kai. Na ce masa Baturiyar nan ta fi shi haddar Alƙur'ani, kuma Gwaggo ba Baturiya ba ce. Ya ce Gwaggo ta rikice. Na ce zan tafi da Baba gidana. Ya ce, "Khalas, shi ke nan, ɗauke shi," ya ɗauki makullin motarsa ya fita. Matarsa ta gaya mini daga baya cewa bai je ko'ina ba, a cikin motar ya zauna a ƙofar gida har aka kira isha'i. Wataƙila ya gane. Amma bai taɓa faɗa ba, bai taɓa zuwa ya durƙusa gaban Baba ba, ni kuma abin da na kasa yafewa ke nan. Yau tsakanina da shi sai gaisuwar salla.

Baba ya yi watanninsa na ƙarshe a gidana a Bani Harisa. 'Yar Andalus tana zuwa duk lokacin da ta samu dama, amma zuwan nata ma azaba ne. Ban da mijinta, ita kaɗai ce a duk Madina muka sani mai jin maganarsa, kuma ita ce wadda yake tsoro. Da ya ji muryarta sai ya fara neman hularsa. Daga baya ta daina shiga ɗakin, ta koma zama a bayan labule tana saurare tana faɗa mini a hankali. Ta koya mini 'yan kalmomi: ci, sha, kwanta, yau babu aiki. Na haddace su kamar yadda nake sa mata hadda.

Nan ne ɗacin ya fi yawa. In na shiga na ce, "Baba, ga abinci," sai ya kalle ni kamar bango. In na faɗa da Sifaniyanci, musamman in na ɗan daure murya, nan take zai buɗe baki. Ni 'yarsa, wadda ya goya a kafaɗa zuwa Harami ranar Juma'a, sai da na ari muryar waɗanda suka zane masa baya kafin ya karɓi ruwa daga hannuna. Kalmar da kawai ke sa shi murmushi ita ce yau babu aiki. Kullum da safe ita nake fara gaya masa, kullum kuma sai ya yi murna kamar bai taɓa ji ba.

Wata rana ina kuka a kicin, 'yar Andalus ta ce mini harshe ba shi da hannun duka. Ta ce shi kansa harshen nasu a bakin waɗanda aka ci da yaƙi ya tsiro, kuma Musulmin da suka rage a Andalus da ƙarfi aka raba su da Larabci aka ɗora musu shi, wataƙila har da kakanninta. Na ce mata na sani, kuma ba ita na riƙe a zuciya ba. Amma ita tana jin shekara dubu a cikinsa, ni kukan ubana nake ji. Ba ta yi musu ba. Tun daga ranar ba ta sake ba ni labarin tarihin harshensu ba.

Ranar da Baba zai rasu 'yar Andalus ba ta gari, sun tafi umara da mijinta. Da hantsi ne, na gama goge masa jiki. Sai ya buɗe ido ya dube ni sosai, irin kallon da ya daɗe bai yi mini ba. Ya faɗi wata magana a fili, ya tsaya yana jira. Ba ta cikin kalmomin da na sani. Ya sake faɗa, ya sake jira. Ban gane ba, sai na yi ta maimaita sautin a zuciyata don kada ya ɓace mini. Na kama hannunsa ina laƙƙana masa kalmar shahada. Leɓɓansa sun motsa, Allah ne ya san abin da suka faɗa. Kafin azahar ya cika. Aka yi masa salla a Harami aka kai shi maƙabartar Baƙi'a.

Ta dawo ana cikin zaman makoki. Gida cike da mata, ana ta zuba gahawa. Na ja ta ɗakin da ya rasu, na rufe ƙofa, na karanta mata abin da na riƙe, yadda kunnena ya ɗauka. Ta ce in sake, a hankali. Na sake. Ta zauna a bakin gadon.

Ta ce, "Tambaya ya yi miki. Cewa ya yi: na gama aikina, an ba ni izini in tafi gida?"

Sau biyu ya tambaye ni, yana jira. Kalmar da ake cewa i da ita kuwa na san ta, ita ce ta farko da na ji a bakinsa ranar da ya miƙe ya cire hula. Da na gane tambayar, da na ba shi ita.

Yanzu ni ma furfura ta kama ni. Abin da wannan al'amari ya koya mini bai da yawa, amma da tsada na same shi. In tsoho ya faɗi abin da ba ku gane ba, ku nemi mai ganewa kafin ku nemi mai sanda. In uba ya cika shiru a kan wani yanki na rayuwarsa, ku zauna kusa da shi ku tambaya tun yana da harshen da zai ba ku amsa. Kuma duk lokacin da na ji ana yabon wani harshe, ana faɗin tsufansa da yawan ƙasashen da ya mamaye, ba na musu. Sai dai nakan tambayi kaina ta wace hanya ya shiga bakin mutanen, domin na ga yadda ya shiga bakin mutum ɗaya, na kuma ji yadda ya fito.